Yadda Ake Shirya Fim a Kan Tsoro, Camfi da Waswasi Ba Tare da Jajayen Idanu da Hayaƙi Ba

Akwai wata fitowa da duk mai kallon fina-finanmu ya haddace. Kogon dutse, jan ƙyalle, ƙwarya tana fitar da hayaƙi, boka ya shafe fuska da gawayi yana ƙyaƙyata dariyar da aka ƙara wa amsa-kuwwa a kwamfuta. Can sai wani abu mai jajayen idanu ya bayyana, ya yi magana da murya biyu, ya ɓace ɓat. An shirya ta ne don a razana mutane, amma yaran da ke gaban talabijin dariya suke yi, wani ma ya miƙe ya kwaikwayi bokan. Yaran nan kuwa su ne in an aike su bayan isha'i, hanya ta bi da su ta gindin tsamiya, za su kwasa a guje har takalmi ya fita. Tsoron yana nan daram a cikin jama'a. Masu shirya fim ne suke nemansa inda ba ya kwana.

Wannan jagora ta marubucin labari ce da darakta da mai ɗaukar hoto, waɗanda ke son yin fim, gajere ko mai dogon zango, a kan mutumin da tsoro marar tushe, ko camfi, ko wani tunani mai naci ya kama. Abu guda nake so ka riƙe tun daga farko: abin kallo a irin wannan fim shi ne mai jin tsoron, da abin da tsoron ke ci masa kowace rana.

Don kada maganar ta tsaya a sama, ga labarin da na ƙirƙira za mu riƙa gwada komai a kansa. Rabi matar aure ce a gidan haya, mijinta Sale direban a-daidaita-sahu. Ta yi ɓari sau biyu, yanzu tana ɗauke da ciki na uku. A ɗakin ƙarshe na gidan akwai wata tsohuwa mai sayar da daddawa, kowa Iya yake ce mata, ba ta da ɗa ba ta da jika. Sai mujiya ta fara sauka a kan katanga da dare.

Mataki na ɗaya: tantance abin da ke damun jarumarka

Tsoro da camfi da waswasi 'yan gida ɗaya ne, amma tafiyarsu ta bambanta, kuma in ka cakuɗa su ba da saninka ba labarin zai yi ta tangaɗi.

Mai tsoro gudu yake yi. Wanda ke tsoron ruwa ko duhu ko hawa bene yana tsara rayuwarsa ne ta yadda ba zai haɗu da abin ba, saboda haka labarinsa labarin kewaye-kewaye ne, har ranar da kewayen ya ƙare. Camfi kuwa ba na mutum ɗaya ba ne, gado ne. Yana zuwa da dokoki: kada a yi shara da dare, kada a zuba ruwan zafi a ƙasa ba bisimilla, kada mai ciki ta fita da tsakar rana ko da almuru, kada a tsallake yaro, kada ka amsa kira cikin dare sai ka san mai kiran. Fim a kan camfi fim ne a kan gida ko unguwa, domin akwai masu tuna wa mutum dokar in ya manta. Shi kuma mai waswasi maimaitawa yake yi. Ya kulle shago, ya kai bakin titi, ya dawo ya girgiza kwaɗon. Ya yi alwala, ya sake, ya sake, har liman ya sallame. Abin tausayin shi ne sau da yawa ya san abin da yake yi ba shi da ma'ana, amma in bai yi ba ƙirjinsa ba zai sauka ba.

Zaɓi guda ya zama ƙashin bayan labarin. Sauran na iya shigowa a matsayin mataki. A labarin Rabi, tsoron rasa ciki ne tushe, camfin mujiya da maita ne rigar da jama'a suka ba ta ta saka wa tsoron, naci a kan Iya kuma shi ne inda abin ya kai.

Mataki na biyu: fita ka saurara kafin ka rubuta ko layi ɗaya

Nan ne aka fi yin ganganci. Marubuci ya zauna a ɗaki, ya tuno fina-finan da ya kalla, ya kwafi bokan ciki. Abin da ke fitowa kwafin kwafi ne. Je ka zauna da tsofaffin mata, da ungozoma, da mai maganin gargajiya a kasuwa, da direbobin dare a tasha. Kada ka tambaye su ko sun yarda da maita, za su ce maka a'a su rufe bakinsu. Tambaye su abin da aka yi ranar da aka ce an kama kurwar wane. A nan za ka ji ƙananan abubuwan da ba a ƙirƙirarsu: yadda marar lafiya ke kiran sunan wanda ake zargi cikin zafin zazzaɓi, yadda ake tilasta wa wanda aka zarga ya tsallake shi, yadda ake cewa maye yana da ƙanƙara a ciki, yadda mata ke daina karɓar gishiri ko wuta daga hannun wadda aka fara nunawa da baki. Rubuta kalmominsu yadda suka faɗa. Ba kasafai mutane ke cewa “mayya ce” kai tsaye ba. Cewa suke “bakinta ba shi da kyau”, ko “a dai yi hankali da ɗakin can”.

Daga nan ka nemi mutum biyu. Na farko malami. Masu kallonka mafi yawansu Musulmi ne, kuma samuwar aljanu da sihiri abu ne da suka karanta a Alƙur'ani, don haka fim ɗin da ya tashi yi wa wannan ba'a ya rasa su tun a minti na biyar. Amma addinin da kansa ya raba tsakanin wannan da camfi. Hadisi ingantacce a Bukhari da Muslim ya kore camfi da tsuntsaye, ya ambaci watan Safar, ya kuma ambaci wani abu da malamai da yawa suka fassara da mujiya. Haka nan ga mai shakkar ko alwalarsa ta karye yana cikin salla, an ce kada ya fita sai ya ji sauti ko wari. Waɗannan kayan aiki ne a hannunka. Za ka iya sa wani a cikin labarin ya tsaya wa Iya da hujjar addini, ba sai ka kawo ɗan boko mai tabarau ya zo yana yi wa ƙauyawa lacca ba.

Na biyu likita, musamman na ƙwaƙwalwa. Akwai su a Dawanau da ke Kano, da asibitocin tarayya na Barnawa a Kaduna, da Kware a jihar Sakkwato, da Maiduguri. Shi zai gaya maka yadda abubuwa ke faruwa a jiki. Dannau, alal misali, yana zuwa ne yayin da ƙwaƙwalwa ta farka alhali jiki bai fita daga sandarewar da yake yi lokacin mafarki ba. Mutum yana gani yana ji, ba ya iya motsi, yana jin nauyi a ƙirji, wani lokaci har ya ga inuwa a bakin ƙofa, kuma cikin daƙiƙoƙi ko 'yan mintuna ya sake shi. Zai nuna maka bambancin faɗuwar farfaɗiya da suman firgita. Zai gaya maka cewa waswasi mai tsanani cuta ce da ake magani, kuma ɗaya daga hanyoyin maganin ita ce a saba wa mutum da fuskantar abin da ke tayar masa da hankali ba tare da ya yi maimaicin da ya saba ba. Wannan kaɗai ya isa ya ba ka fitowa mai ƙarfi: mutum yana tsaye gaban kwaɗon shagonsa, hannu a aljihu, yana zufa, yana ƙoƙarin kada ya taɓa.

Idan labarinka na tsoron da ke kama jama'a ne gaba ɗaya, tarihinmu na kusa yana da su. A tsakiyar shekarun 1990 an yi ta faɗuwar 'yan mata a makarantun sakandare na Kano, aka danganta abin da aljanar da ake kira Sumbuka. A 2023 kuma jita-jitar shafi-mulera ta sake tashi a Abuja da kewaye, aka yi ta dukan mutane a titi bisa zargin sun sace mazakutar wani da musabaha. Duba yadda irin wannan ke yaɗuwa daga baki zuwa baki, da wanda yake fara kururuwa, da wanda yake fara ɗaga hannu.

Mataki na uku: yanke shawara a kan gaskiyar abin, ka kuma ɓoye ta

Kafin ka ci gaba, kai marubuci dole ka san amsar wannan tambaya: a cikin duniyar fim ɗinka, Iya mayya ce ko ba mayya ba ce? Hanya uku ce. Ko dai abin gaskiya ne, ko a kan Rabi kawai yake, ko kuma ka bar ƙofa a buɗe har ƙarshe.

Ni dai shawarata ga irin wannan labari ita ce ta biyu, amma a tafiyar da ita kamar ta uku. Wato kai ka san Iya ba ta da laifi, sai dai mai kallo ba zai tabbatar ba sai can gaba. Dalilina: in mai kallo ya san tun farko cewa Rabi ruɗu take yi, zai zauna yana kallonta daga sama yana tsaki. In kuma ka sa shi ma ya fara zargin tsohuwar, ya ji gabansa ya faɗi da ta miƙo wa Rabi ƙwaryar kunu, to ranar da gaskiya ta fito kunyar ta shafe shi. Zato zunubi ne ko da ya zama gaskiya, kuma ka sa shi ya ɗanɗana da kansa.

Dabarar da ke riƙe wannan ita ce: kowane abin al'ajabi a fim ɗin ya kasance yana da fassara biyu, kuma ka dasa ta biyun a gaban idon mai kallo ba tare da ka nuna ta da yatsa ba. Mujiya tana zuwa ne saboda ɓeraye, ɓerayen kuma saboda buhunan masarar da mai gidan ya jibge a ɗakin da ba kowa. To, a farkon fim a ga ana shigar da buhunan, a wuce. Rabi ta kira sunan Iya cikin dare? Zazzaɓin cizon sauro ne ya yi mata zafi, kuma mun ga gidan sauronta a yage tun fitowa ta uku. An tsinci ƙullin tsumma a bakin ƙofarta? Ɗaurin kuɗin cinikin daddawa ne ya faɗi. Wanda ya sake kallon fim ɗin karo na biyu zai ga duk amsoshin suna nan.

Mataki na huɗu: gina tsanin

Tsoro marar tushe a idon mutane yana da tushe a wurin mai shi. Wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma sai ya gudu. Nuna mana saran, a taƙaice. Ba sai an yi dogon tuna-baya da kuka da kiɗa ba. Ya isa a ga Rabi ta buɗe akwati, ta ga kayan jariran da ta saya wa cikin farko har yanzu a leda, ta mayar ta rufe.

Daga nan sai hawa, kuma ma'aunin hawan shi ne asara. Ɗauki takarda ka rubuta abin da tsoron ya ci mata a kowane mataki. Da farko barci kawai ya ci: tana jin kukan mujiya ta kasa runtsawa. Sai ya ci mata zumunci: ta daina gaida Iya, ta zubar da kunun da ta aiko a makwarara. Sai kuɗi: ta sayar da 'yan kunnenta ta kai wa mai magani, ya ba ta turare da laya. Sai lafiya: ta daina zuwa awo, domin hanyar fita ta ƙofar ɗakin Iya take bi. Sai aure: Sale ya dawo a gajiye ya tarar an toshe taga da tsumma, ɗaki ya turnuƙe da hayaƙi. Sai kuma na ƙarshe, wanda ba nata ba ne, ran wata ko mutuncinta. In ka duba fitowa biyu a jere ka ga asarar ba ta ƙaru ba, ɗaya daga ciki ba ta da aiki, cire ta.

Ka kuma ba ta wata ɗabi'a ƙarama da za ta riƙa maimaitawa, wadda za ta girma tare da ciwon. A ce kafin ta kwanta tana shafa dokin ƙofa da ruwan rubutu sau uku. A tsakiyar fim ya zama sau bakwai, in an katse ta sai ta faro daga farko. Kusa da ƙarshe, Sale na kiranta ta fito a tafi asibiti naƙuda ta taso, ita kuwa tana durƙushe tana ƙirge. Mai kallo ya riga ya koyi dokar, don haka ba ka bukatar kowa ya yi masa bayani.

Wani abu da ake mantawa: camfi yana bukatar masu hura wuta, kuma kada su zama mugaye. Mahaifiyar Rabi da ke kiranta a waya tana cewa “Ke dai ki kama jikinki, 'yar nan, mun ga irin wannan”, saboda ƙauna take faɗa. Maƙwabciyar da ta ce ta taɓa jin labarin Iya a garinsu ita ma ta yarda da abin da take faɗa. Wannan ya fi kishiya mai harara da murguɗa baki ban tsoro nesa ba kusa ba.

Mataki na biyar: rubuta fitowa mai riƙe numfashi

Alfred Hitchcock, daraktan nan ɗan Ingila, ya bambanta razana da zullumi da misalin bam a ƙarƙashin tebur. In mutum biyu na hira bam ya tashi ba zato, mai kallo ya razana na 'yan daƙiƙoƙi. In kuwa an nuna masa bam ɗin tun farko, ya san lokacin da zai tashi, to hirar banzar da suke yi ta zama azaba gare shi ta tsawon mintuna. Ka yi amfani da wannan, amma ka juya shi: a labarinmu haɗarin ba daga Iya yake ba. Nuna mana samarin unguwa sun fara taruwa a ƙofar gida, sannan ka koma ciki inda Iya ke zaune tana ƙulla daddawa tana 'yar waƙarta, ba ta san komai ba.

A wajen magana, rage. Mai jin tsoro ba ya cewa “ina jin tsoro”. Ga yadda za ta iya kasancewa:

Iya ta tsaya a bakin ƙofa da ƙwarya. “Amarya, ga ɗan kunun kanwa, na ga kwana biyu ba kya fitowa.”

“An gode, Iya. Ajiye nan.”

“Karɓi mana da zafinsa. Jikin ne?”

“Lafiya lau. Ajiye dai nan, Iya.”

Ba a ambaci maita ba, ba a ɗaga murya ba, amma duk Bahaushe ya san ƙin karɓar abu daga hannun babba ba ƙaramin abu ba ne. Ka tuna kuma shafi ɗaya na rubutun fim kusan minti ɗaya ne a allo, don haka fitowa irin wannan rabin shafi ta ishe ta. Sauran lokacin na shiru ne da kallo.

Mataki na shida: kyamara da haske

Ƙa'idar farko: abin da ake tsoro, a jinkirta nuna shi, in da hali kada a nuna shi sam. Lokacin da daraktan Amurka Steven Spielberg ke ɗaukar Jaws, fim a kan wani ƙaton kifi mai cin mutane wanda ya fito a 1975, injin kifin da aka ƙera ya yi ta lalacewa a ruwan gishiri, dole ta sa aka riƙa nuna motsin ruwa da gangunan da kifin ke ja maimakon kifin kansa, kuma hakan ya ƙara wa fim ɗin ban tsoro. Kai da ba ka da kuɗin ƙera aljani mai gamsarwa, wannan labari ne mai daɗi gare ka. Labule da ke motsi, takalmi a bakin ƙofar da aka ce ba kowa ciki, inuwa a bangon soro, duk sun fi abin da editanka zai zana a kwamfuta.

Ajiye kyamara a inda Rabi take. Mu ga Iya ta ramin labule, ta tsagar ƙofa, daga nesa, rabin jikinta a bayan igiyar shanya. Gilashin kyamara mai jawo nesa, kamar mai milimita 85 zuwa sama, yana ba da jin ana leƙen mutum. Mai faɗi kuma, 24 ko ƙasa da haka, in ka matso da shi dab da fuska yana ɗan karkata kamanni, ya sa ɗaki ya zama kamar yana zagaye mutum; ajiye shi sai matakan ƙarshe. Fara fim ɗin da kyamara a kan ƙafarta, tsaye cak, hotuna masu sarari. Yayin da ciwon ke ƙaruwa sai ka riƙa matsewa, kana rage sararin da ke saman kanta da gabanta, daga baya ka sauke kyamarar zuwa hannu. Akwai dabarar ja da kyamara baya ana zuƙo hoto a lokaci guda, wadda ta yi suna tun fim ɗin Vertigo na 1958. Tana sa bangon da ke bayan mutum ya zama kamar yana matsowa kansa. Sau ɗaya tak za ka yi ta a fim, in ma za ka yi.

Sannan ka ajiye wa kanka ɗauka guda da za ta fita daga idon Rabi: Iya ita kaɗai a ɗakinta, tana shafa man zafi a gwiwa. Inda ka sa wannan ɗaukar shi ne inda fim ɗin ya juya.

Batun duhu kuwa, a yi hattara. Yawancin masu kallonka a waya za su kalla, a YouTube, wasu ma an tura musu ne an matse shi, kuma duhu shi ne farkon abin da matsewa ke lalatawa, ya koma dabbare-dabbare. Saboda haka kada ka ɗauki dare a cikin baƙin duhu. Haska wurin sosai, ka bar bambanci mai ƙarfi tsakanin gefen haske da gefen inuwa, sannan a rage a wajen gyaran launi. Bari hasken ya fito daga abin da ke cikin ɗakin: fitilar ƙwai, tocila, hasken waya, garwashin turare. Ɗauke wutar lantarki ma kyauta ce gare ka, ba mai tambayar dalili. Wutarmu tana kan zagaye 50 a daƙiƙa, don haka ɗauki hoto 25 a daƙiƙa, saurin ƙyaftawar kyamara ɗaya bisa 50, don kada ƙwan fitila ya riƙa rawa a hoto. In janareta kake amfani da shi, gwada tukuna, domin ba kowanne ke tsayawa daidai ba. Almuru shi ne lokacin da camfinmu ya fi tsoro, kuma haskensa ya fi kowanne kyau, amma a ƙasar Hausa gajere ne, minti 20 zuwa 25 bayan faɗuwar rana ya tafi. A gama gwaji tun la'asar, a ware wa fitowar yini biyu.

Mataki na bakwai: sauti

Rabin tsoro ta kunne yake shiga, kuma nan ne muka fi rauni. An saba shimfiɗa kiɗan fiyano daga farkon fim zuwa ƙarshe, ko a buga wata ƙara duk lokacin da aka nuno mugu. Kiɗan da ke gaya wa mutum ya ji tsoro yana hana shi ji.

A kowane lokeshan, bayan an gama ɗauka, sa kowa ya yi tsit a naɗi sautin wurin na minti ɗaya. Koma da dare ka naɗi gyare, da haushin kare daga nesa, da ƙarar kwanon rufi yana saki bayan zafin rana, da ɗigar famfo, da tafiyar ɓera a silin. Da waɗannan za ka gina daren Rabi. Sai ka yi wasa da su: gyare na kuka tun farkon fitowa, mai kallo ya saba har ya manta da shi, kwatsam ka yanke. Shirun da ya biyo baya ya fi kowace ganga.

Ba wa tsoron sautinsa na kansa, daga cikin gidan. A ce dakan Iya ne, turmi da taɓarya, lugude a hankali. Da rana sauti ne na kowa. Da Rabi ta fara jin sa ƙarfe biyun dare, mu ma mun ji, ba mu kuma san ko a kunnenta kawai yake ba. Ka kula, lasifikar waya ba ta fitar da sauti mai zurfi sosai, don haka in ka dogara da gurnani mai kauri ba wanda zai ji. Saurari haɗin sautinka a ƙaramar waya kafin ka sallame shi.

Razanarwa ta ba-zata tana da wurinta. A fim ɗin Cat People na 1942, wata mata na tafiya da dare tana jin ana bin ta, zullumi ya kai maƙura, sai wata ƙara ta fashe, ashe motar bas ce ta ja birki a gabanta. Tun daga nan ake ta maimaita dabarar. Kai ma kana iya yi da akuya ko da yaron da ya faɗo soro a guje, amma sau ɗaya ko biyu. In ta yi yawa mai kallo zai gane wasa kake masa.

Mataki na takwas: jarumai

Ce wa jarumarka ta ɓoye tsoron, kada ta nuna shi. Mace a gidan haya ba ta son a ce ta zautu, don haka murmushi take yi, tana gaisawa, hannunta ne kawai ke murza bakin mayafi. Zare ido da kama kai da faɗuwa a ajiye su. Ita kuma mai fitowa a Iya, kada a gaya mata ta yi abin zargi ko kaɗan, kada mai kwalliya ya baƙanta mata haƙora ko ƙasan ido. Ta yi wasanta a matsayin tsohuwa mai kirki mai ɗan yawan shisshigi. Zargin aikin kyamara ne da edita.

Mataki na tara: teburin edita

Wajen shekarar 1920, wani mai shirya fim a Rasha, Lev Kuleshov, ya ɗauki hoton fuskar jarumi guda wadda ba ta nuna komai, ya haɗa ta da kwanon miya, sannan da gawa a akwati, sannan da wata mace. Masu kallo suka ga yunwa, suka ga baƙin ciki, suka ga sha'awa, alhali fuskar ɗaya ce. Fim ɗinka gaba ɗaya a kan wannan yake tsaye. Iya ta ɗaga kai ta kalli wani abu. In hoton da ya biyo baya cikin Rabi ne, ta zama mayya, in kuwa kazarta ce da ta haye katanga, tsohuwa ce kawai. A rabin farko ka haɗa yadda Rabi ke gani. Daga baya kana iya dawo da ɗaukar nan ɗaya ka nuna abin da Iya ke kallo da gaske.

Bar ɗauka ta yi tsawo fiye da yadda hannunka ke so. In Rabi ta fita daga hoto, tsaya a kan ƙofar da ta bari na daƙiƙa uku ko huɗu. Ido zai fara neman abin da babu. A fitowar maimaici kuwa, ɗauke ta daga kusurwa ɗaya kowane karo, don mai kallo ya ji nauyin dawowar, sai dai kowane karo ka shiga a makare ka fita da wuri, ban da na ƙarshe, wanda za ka bari cikakke har ya gundure shi.

Mataki na goma: haƙƙin mutane, hukuma, da gwajin ƙarshe

Zargin maita ba tatsuniya ba ce. Ana dukan tsofaffi a kansa, ana korarsu daga gari. A arewacin Ghana har akwai matsugunan matan da aka kora da wannan zargi, irin na Gambaga. Idrissa Ouédraogo na Burkina Faso ya yi fim a kan irin wannan tsohuwa a 1989, mai suna Yaaba, ya kuma tsaya a gefenta. In fim ɗinka ya ƙare da tabbatar da cewa tsohuwar da ba ta da kowa mayya ce, ka sani akwai irinta a unguwar duk wanda ya kalla. Haka mai farfaɗiya, da zabiya, da mai taɓin hankali: kada ka mayar da lalurarsu alamar mugunta. Idan za ka nuna bori ko ruƙiyya, nemi waɗanda suka san abin su duba maka, kuma kada ka ɗauki marar lafiya na gaske ko taron gaske ba da izini ba.

Ta fuskar doka, in a Kano za ka yi aiki, Hukumar Tace Fina-finai da Ɗab'i ta jihar, wadda aka kafa a 2001, ita ke duba aikin, sannan akwai hukumar tace fina-finai ta ƙasa da aka kafa a 1993, wadda a 2024 ta fitar da ƙa'idojin hana ƙawata tsafin neman kuɗi da kisan tsafi a fina-finai. Je ofishinsu da labarinka tun yana takarda ka ji sharuɗɗan da ke aiki a lokacin. Gyara a takarda ya fi sake kiran jarumai lokeshan araha. Fim ɗin da bai nuna tsafi ƙuru-ƙuru ba dama ba shi da abin yankewa da yawa.

Kafin ka saki, tara mutum goma zuwa goma sha biyar waɗanda ba su san labarin ba, maza da mata, har da tsofaffi biyu ko uku. Tsayar da fim ɗin a tsakiya, ka ba kowa takarda ya rubuta ko Iya mayya ce ko a'a, ba tare da sun yi shawara ba. In duka suka ce e, ka cika gishiri a zargin, koma ka ƙara fito da buhunan masara da yagaggen gidan sauro. In duka suka ce a'a, alama ce ka tona asirin da wuri, sai a matsar da ɗaukar Iya da man zafinta zuwa gaba, a rage wa fuskarta haske a fitowar kunu. Abin da kake nema shi ne ɗakin ya rabu biyu. Sannan zauna a gefe inda kake ganin fuskokinsu, ka rubuta mintin da wani ya ciro waya ko ya yi dariyar da ba ka shirya ba, ka kai wa edita lambobin.